Layin Dogon Baro zuwa Kano: An Gina don Auduga, Gyaɗa ta Cika Taragai

Masaƙun Lankasha da ke Ingila sun ƙyalla ido a kan Arewacin Najeriya. Suna neman auduga, an kuma ba su labarin cewa ƙasar Kano da ta Zazzau sun daɗe suna noma ta. Matsalar ita ce hanyar fitar da ita, domin jaki da raƙumi ba za su iya ciyar da masaƙa ba.

A 1907 aka turo Sir Percy Girouard, injiniyan da ya yi aikin layin dogo a Sudan, ya gaji Lugga a mulkin Arewa. Shirinsa shi ne a tashi daga Baro, wani ƙaramin gari a gaɓar kogin Kwara, a bi ta Minna, a haye kogin Kaduna, a ratsa Zariya, a dire a Kano, tafiyar kilomita wajen 570. Daga Baro sai jiragen ruwa su sauka da kaya zuwa teku.

An yi ta yabon aikin da sauri da araha, amma talakawa ne suka biya kuɗin wannan arahar. Ta hannun sarakuna da hakimai ake ɗebo mutane daga ƙauyuka, kowace gunduma da adadin da aka yanka mata. Mutum zai bar gonarsa ya tafi sarar daji da fasa dutse, ya yi ta jidar ƙasa a kwando daga hantsi har la'asar. Aikin diga ke nan, wanda Sarkin Zazzau Aliyu Ɗansidi ya yi wa waƙa. Da kuɗin Turawa ake biyan lada, abin da ya taimaka wajen ture kuɗin wuri daga kasuwa.

Dogo ya isa Kano a 1911, zamanin Sarki Abbas.

Sai manomi ya yi nasa lissafin. Masaƙan gida da marina suna sayen auduga da tsada fiye da Bature, don haka babu dalilin kai masa. Gyaɗa kuwa ta dace da jigawar Kano: a ci, a sayar a biya haraji, a ba dabbobi harawa. Fataken goro da suka san kowane lungu suka shiga tsakani, suna ba da kuɗi tun kafin kaka. A cikinsu Alhassan Ɗantata ya fi shahara. Buhuna suka yi wa taragai yawa, har aka riƙa jera su dala-dala a Kano suna jiran layi.

Baro ba ta ci ribar wannan ba. Manyan jirage ba sa iya zuwa sai ruwa ya cika a ƙarshen damina. A 1912 aka haɗe layin da na Legas a Minna, da aka kammala gadar Jebba kuma sai kaya suka miƙe kudu babu sauke-sauke.

Daga baya rassa suka bi sawun amfanin gona, zuwa Ƙauran Namoda a 1929 da Nguru a 1930. Farin farkon shekarun 1970 da cutar da ta afka wa gyaɗa a 1975 suka karya noman, sauran kayan kuma manyan motoci suka kwashe su zuwa kwalta.