Dumb Patrol: Katun ɗin Bosko Matuƙin Jirgin Yaƙi

Dumb Patrol gajeren katun ne na barkwanci, baƙi da fari, wanda kamfanin Warner Bros. ya fitar a Amurka a 1931 cikin jerin Looney Tunes. Katun biyu ne ke amsa wannan suna, na 1931 da na 1964, shi ya sa bayanansu kan cakuɗe. Na farkon na Bosko ne, an yi shi tun ba a ƙirƙiro Bugs Bunny ba.

Ya zo ne a lokacin da finafinan matuƙan jirgin Yaƙin Duniya na Ɗaya ke tashe. Wings na 1927 shi ya fara cin kyautar Oscar ta gwarzon fim. A 1930 Howard Hughes ya saki Hell's Angels, Howard Hawks kuma ya ba da umarnin The Dawn Patrol, inda Richard Barthelmess da Douglas Fairbanks Jr. suka fito. Fim ne mai ban tausayi a kan matuƙan Ingila da ke Faransa: kullum da asuba kwamanda na tura samari sababbin shiga sama, yana sane cewa wasunsu ba za su dawo ba. Kamfanin First National, wanda ke hannun Warner, shi ya yi fim ɗin. Ke nan ɗan gida katun ɗin ya tsokana, ya ɗan murɗe sunan don zolaya.

Hugh Harman da Rudolf Ising, tsofaffin masu zanen Walt Disney, su suka shirya shi a ƙarƙashin Leon Schlesinger, Frank Marsales ya yi kiɗan. Labarin bai taka kara ya karya ba. Bosko ya tashi da jirginsa, ya yi artabu da wani ƙaton abokin gaba, aka harbo shi, ya faɗo inda ya gamu da budurwarsa Honey, sai kiɗan fiyano ya kankama a tsakiyar kufai. Jiragen suna lanƙwashewa su miƙe sai ka ce roba, harsashi na bin bugun kiɗa. A nan gwanintar take, don a lokacin haɗa motsi da sauti shi ne abin da ke jan 'yan kallo. Abin lura kuma, shekara 13 kacal da tsagaita wutar 1918 aka mai da wannan yaƙi abin dariya. A 1931 ɗin dai aka sake kai Bosko ramukan yaƙi a Bosko the Doughboy, wanda ya fi wannan tsanani nesa ba kusa ba.

Siffar Bosko daga wasannin kwaikwayon da ke yi wa baƙar fata ba'a aka ɗauko ta, kuma bai kamata tarihi ya rufe wannan ba. Harman da Ising sun saɓa da Schlesinger kan kuɗin aiki a 1933, suka tafi da Bosko, daga baya suka kai shi MGM.

Na 1964 mai launi ne, Gerry Chiniquy ya ba da umarni. Bugs Bunny ya maye gurbin Porky Pig a jirgi, ya kara da Yosemite Sam a matsayin matuƙin Jamus, a Faransa ta 1917.