Daga Zango Zuwa Kanti: Tarihin Fagge ta Kudu Cikin Sunayenta

Manufar wannan maƙala ita ce bin diddigin sauye-sauyen da suka sami unguwar Fagge ta Kudu a Kano, ta hanyar duba sunayen da jama'a suke kiran wurin da su, domin sau da yawa suna yakan wanzu bayan abin da ya haifar da shi ya gushe.

Tun kafin Turawa su ci Kano a 1903, Fagge zango ce a wajen ganuwa, inda ayarin Buzaye daga Azbin yake sauke raƙuma da gishiri. Isowar jirgin ƙasa a 1911 da bunƙasar cinikin gyaɗa su ne suka juya fuskar unguwar daga hamada zuwa tasha. Hukumar mulkin mallaka, wadda ta saba ware wa kowane rukunin baƙi mazauninsa, ta yanka wa 'yan kasuwar Siriya da Labanan filaye a kudancin Fagge, tsakanin birni da kamfanonin Turawa. Hausawa suka kira waɗannan baƙi Kwarori, shagunansu kuwa kantuna, daga kalmar Ingilishi canteen.

A nan ne sunan Kantin Kwari ya samo tushe, kuma ana iya fassara shi ta fuska biyu. Ko dai Kwari jam'i ne na Kwara, kamar yadda ake samun kaji daga kaza da fari daga fara, ko kuwa kwari ne na gangaren ƙasa inda ruwa yake taruwa. Ƙa'idar jam'i ba ta hana fassarar farko ba, amma a ganina damina ta fi goyon bayan ta biyu.

Dokar mayar da harkokin kasuwanci hannun 'yan ƙasa ta 1972, a zamanin Janar Gowon, ta sa Kwarori da yawa suka bar cinikin ɗai-ɗai, kantunan suka koma hannun Hausawa masu sayar da atamfa da shadda. Abin lura a nan shi ne kalmar gida. Har yau kowane rukunin shaguna a Kwari gida ake ce masa, a jingina shi ga sunan mai shi, alhali ba mai kwana a ciki. Kalmar shaida ce cewa a da mazaunin iyali ne, kanti a gaba, ɗakuna da tsakar gida a baya. Sannu a hankali aka mai da ɗakunan shaguna, aka rufe tsakar gida, aka ɗora benaye, 'yan tebura suka cike layuka. Filin da yake shanye ruwan sama ya ƙare.

Sakamakon haka ya bayyana a watan Agusta na 2022, lokacin da ambaliya ta shiga kasuwar ta lalata dilolin yadi masu ɗimbin yawa, 'yan kasuwa suka ɗora laifin a kan gine-ginen da aka yi bisa magudanun ruwa. A watan Yuni na 2023 gwamnatin Abba Kabir Yusuf ta rushe shagunan da aka gina a Filin Idi, maƙwabcin Kwari, a zamanin gwamnatin Ganduje. A watan Satumba na wannan shekara Babbar Kotun Tarayya da ke Kano ta umarci a biya masu shagunan diyyar naira biliyan 30.