Aleksander Hertz da sikelin da ya dace a auna shi

A shekarar 1909, lokacin da Aleksander Hertz ya kafa kamfanin Sfinks a birnin Warsaw, babu wata ƙasa mai suna Poland a taswira. Rasha da Jamus da Ostiriya sun raba ta a tsakaninsu, Warsaw kuwa tana hannun Sarkin Rasha. Mai son auna Hertz sai ya fara daga nan, domin mutum ne da ya gina masana'antar fim ba tare da gwamnatin da za ta tsaya masa ba, a kasuwar da fina-finan ƙasashen waje suka cika. Hujjata ita ce matsayinsa na furodusa ya fi na darakta nauyi nesa ba kusa ba. Ya gane cewa ɗan kallo yana biyan kuɗi ne don fuskar da yake so da labarin da ya sani. Shi ya sa a 1911 Sfinks ya mayar da littafin Eliza Orzeszkowa, Meir Ezofowicz, fim, a 1914 kuma ya fito da Pola Negri a fim ɗinta na farko. Da ta tafi Berlin a 1917, daga can ta wuce Hollywood, kamfanin bai durƙushe ba. Jadwiga Smosarska ce ta zama tauraruwarsa, kuma fim ɗin Trędowata na 1926 ya cika gidajen sinima.

Masu suka na cewa ɗan kasuwa ne kawai, mai sayar da soyayya da hawaye, kuma yana juyawa inda iska ta kaɗa: sai bayan Jamus ta karɓe Warsaw a 1915 Sfinks ya soma fitar da fina-finan tonon asirin mulkin Rasha. Zargin yana da ƙamshin gaskiya. Amma kafin 1915 takunkumin Rasha ba zai bar irin waɗannan fina-finai su fito ba, kuma kuɗin hawayen nan ne ya riƙe 'yan wasa da masu ɗaukar hoto a bakin aiki shekara da shekaru. Ga wata matsala kuma: yawancin fina-finansa sun ɓace, har Bestia na 1917 ma kwafin da aka kai Amurka ne ya tsira, saboda haka hukunci kan fasaharsa ya dogara ne da 'yan guntaye. Abin da ba ya buƙatar hasashe shi ne kamfanin. Hertz ya rasu a 1928, Sfinks kuma ya ci gaba da shirya fim har cikin zamanin fim mai magana.