Siffar Mace a Adabin Hausa da Tarihin Mata Masu Zaman Kansu

Birnin Bauchi, wanda Malam Yakubu ya kewaye da ganuwa mai ƙofofi irin su Ƙofar Wambai, yana da gurbi a tarihin yadda adabin Hausa ya siffanta mace, domin a nan ne Abubakar Tafawa Ɓalewa yake koyarwa lokacin da ya rubuta Shaihu Umar, wanda aka buga a 1934. Macen da ta fi fitowa a littafin ita ce uwar Umar, wadda ta bar gida neman ɗanta, aka bautar da ita, aka ƙetare Sahara da ita, ba ta sake ganinsa ba sai dab da rasuwarta. Kishiyar wannan uwa mai haƙuri a waƙoƙin wa'azi ita ce karuwa, wadda ake ambato domin gargaɗi kawai, ba a tambayar abin da ya fitar da ita daga ɗakinta.

Masu bincike ne suka yi wannan tambaya. Baba ta Karo, wadda Mary Smith ta rubuta labarin rayuwarta a ƙasar Zazzau aka buga a 1954, ta ba da labarin karuwai da alaƙarsu da bori. Abner Cohen, a nazarinsa na unguwar Sabo ta Ibadan na 1969, ya nuna cewa karuwanci sau da yawa zango ne tsakanin aure da aure, yayin da Renée Pittin ta tarar a Katsina cewa matan sun fi son a kira su masu zaman kansu. Shugabarsu ita ce Magajiya, wadda take sasanta rikicin gidan mata, take kuma tsaya musu a gaban hukuma. Da siyasar jam'iyyu ta kankama a shekarun 1950, NEPU da NPC sun dogara da irin waɗannan mata wajen gangami, saboda matan kulle ba sa fita.

An yi irin wannan bincike a Italiya ma, inda Margaret Rosenthal ta fito da tarihin Veronica Franco, wata mai zaman kanta ta birnin Banis (1546–1591), wadda mawaƙa maza suka yi wa zambo, ita kuma ta mayar musu da martani da alƙalaminta. Matan Hausa ma sun karɓi alƙalami, kamar yadda Balaraba Ramat Yakubu ta yi a Alhaki Kwikwiyo Ne, inda ta bayyana halin matar da miji ya kora da 'ya'yanta.

Binciken wannan tarihi ba ya nufin halatta abin da addini ya haramta; amfaninsa shi ne gane cewa auren dole da sakin wulaƙanci da talauci ne suka cika gidajen mata, kuma daga nan ne gyara ya kamata ya fara.