Jack Elam: Akawun da ya zama mugun fina-finan kaboyi

Duk wanda ya kalli fina-finan kaboyi na Amurka na shekarun 1950 da 1960, da wuya a ce bai taɓa ganin fuskar Jack Elam ba, ko da kuwa bai san sunansa ba.

Shi ne dogon mutumin nan mai murmushin mugunta, wanda idonsa na hagu ke kallon wani waje daban. Galibi yakan fito ne a cikin yaran babban mugu, kuma ba kasafai yake kaiwa ƙarshen fim da ransa ba.

An haife shi ran 13 ga watan Nuwamban 1920 a Miami, wani ƙaramin garin masu haƙar ma'adinai da ke jihar Arizona. Mahaifiyarsa ta rasu tun yana ɗan ƙarami.

Fensir a ido

Yana da kimanin shekara 12 wani yaro ya soke shi da fensir a ido, kuma daga nan idon bai sake gani ba.

Da ya girma sai ya kama aikin akawu, har ya riƙe littattafan kuɗi na wasu kamfanonin shirya fina-finai a Hollywood, ciki har da na Samuel Goldwyn.

To amma duban ƙananan lambobi dare da rana ya soma gajiyar da ido ɗayan da ya rage masa, likita kuma ya gargaɗe shi cewa zai iya makancewa. Wannan ne ya sa ya ajiye biro.

Da yake ya san hanyoyin kuɗi, sai ya riƙa taimaka wa masu ƙananan fina-finai wajen samo jari, su kuma su saka masa da ba shi rawar da zai taka. Ya fara fitowa a fim a 1949.

Fim ɗin Rawhide na 1951, tare da Tyrone Power da Susan Hayward, shi ne ya fito da shi. A ciki ya fito a matsayin fursunan da ya tsere, wanda rashin imaninsa ya kai har yana harbi a kusa da ƙaramar yarinya.

Daga nan masu ba da umarni suka san wanda za su nema idan suna bukatar mugu. A High Noon na 1952, 'yan daƙiƙoƙi kawai ya samu a matsayin mashayin da Gary Cooper ya saka daga ɗakin tsaro. Ya kuma fito a Vera Cruz na 1954 da The Man from Laramie na 1955.

Zamanin talabijin

A ƙarshen shekarun 1950 talabijin ya janye 'yan kallo da dama daga gidajen silima a Amurka, kuma akwai lokacin da shirye-shiryen kaboyi fiye da 20 ke fitowa a kowane mako.

Jarumin kowane shiri ba ya canzawa, amma kowane mako sai an nemo sabon mugun da zai kara da shi. Nan kasuwar irin su Elam ta buɗe. Ya sha fitowa a Gunsmoke, ya kuma leƙa Bonanza da The Rifleman.

A 1963 aka ba shi matsayin mataimakin jami'in tsaro a shirin The Dakotas, sai dai shirin bai yi tsawon rai ba.

Ƙuda a bakin bindiga

Fitowar da aka fi tunawa da shi a kanta ba ta da wata magana mai yawa. A farkon Once Upon a Time in the West na 1968, wanda Sergio Leone ɗan Italiya ya ba da umarni, 'yan bindiga uku ne ke zaman jiran jirgin ƙasa a wata tasha.

Ƙuda ya addabi Elam, yana sauka masa a gemu da leɓe. Ya hura, ya yamutsa fuska, ƙudan ya ƙi tafiya. Can sai ya rufe shi a cikin bakin bindigarsa, ya toshe da yatsa, ya kara a kunne yana sauraren kukansa.

Jim kaɗan jirgi ya iso, Charles Bronson ya harbe su duka ukun. Wanda ya ga wannan wuri zai gane cewa ba idon kaɗai ke yi wa Elam aiki ba. Ya san lokacin da zai motsa fuska da lokacin da zai bar ta.

Shekara guda bayan haka, Support Your Local Sheriff! tare da James Garner ya juya akalar sana'arsa zuwa barkwanci. Fuskar da ta shekara 20 tana ba da tsoro sai ta koma ba da dariya, kamar a Rio Lobo na John Wayne a 1970, da The Cannonball Run a 1981, inda ya fito a matsayin wani birkitaccen likita.

A 1994 gidan tarihin kaboyi da ke birnin Oklahoma ya sanya sunansa cikin fitattun 'yan wasan wannan fanni.

Fitowarsa ta ƙarshe ita ce a wani fim ɗin talabijin na Bonanza a 1995. Ya rasu ran 20 ga watan Oktoban 2003 a gidansa da ke Ashland a jihar Oregon, sakamakon ciwon zuciya, yana da shekara 82.