Kyamara Na Bin Doki, Ta Bar Tashe a Duhu

A Disambar 2024 hukumar UNESCO ta sanya hawan sallar Kano cikin jerin al'adun gado na duniya. Ba abin mamaki ba ne, domin babu al'adar Hausa da kyamara ta shaƙu da ita kamar hawa. Tun hawan dabar da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956, zuwa na bikin FESTAC a 1977, har yau da samarin Gumel ke ɗaga wayoyinsu idan sarkinsu, Mai Martaba Ahmad Muhammad Sani, ya fito, hoton bai sauya ba: doki da lifidi, algaita da jahi a ƙofar fada.

Tashe bai samu wannan gata ba. Daga goma ga azumi, bayan an sha ruwa, yaro kan liƙa gemun auduga, ya cusa tsumma a riga ya yi tumbi, ya dogara sanda yana tafiyar tsoho, abokansa na kaɗa gwangwani gida-gida ana ba su hatsi ko 'yan kuɗi. A nan ne yaro ke kwaikwayon malami da boka, a zolayi gwauro, a yi wa marowaci hannunka-mai-sanda, ba wanda zai ce an yi masa rashin kunya. Girkawa ma suna da irin wannan kafin azuminsu, har mazan tsibirin Sikiros kan sa fatar akuya su rataya ƙararrawa, kuma sun daɗe suna ɗaukarsa a fim.

Dalilin wannan wariya a fili yake. Hawa da rana ake yinsa, yana da fada da masu ɗaukar nauyi. Tashe na dare ne, na yara, ba shi da uban gida. Masana'antar Kannywood ma, da ta faro da Turmin Danya a 1990, ta fi karkata ga soyayya da rawa irin ta Indiya, alhali tashe ne wasan kwaikwayon da Bahaushe ya gada.

Hasarar ta fi ciwo a ƙasar Gumel, masarautar Mangawa mai tsohuwar alaƙa da Barno, wadda ke iyaka da Nijar ta Maigatari. Tashenta ya cancanci a kwatanta shi da na Kano da na Damagaram, amma sai an naɗe shi tukuna. Malamai da ɗaliban Hausa na Kwalejin Ilimi ta Gumel su fita da wayoyinsu a azumi mai zuwa, daga Ɗanzomo zuwa Gagarawa, su ɗauki wasannin tare da bayanin dattawan da suka yi su.