Fast & Furious: Tarihin Fina-finan da Yadda Jerinsu Ya Harɗe

Fast & Furious jerin fina-finan Amurka ne na kamfanin Universal Pictures da ya fara fita a 2001. Zuwa 2023 an yi manya guda 10, da wani na gefe mai suna Hobbs & Shaw, da gajeru biyu, da kuma zane mai motsi na yara da Netflix ya nuna daga 2019 zuwa 2021. Ban da tseren mota da zancen iyali da ba ya barin bakin jaruminsa, an san jerin da wani abu guda: yadda fina-finan suka fito daban, yadda labarin ya auku daban. Fim na uku a kasuwa shi ne na shida a labari.

Tushen abin wani rahoto ne mai taken Racer X da Ken Li ya rubuta a mujallar Vibe a 1998, kan samarin New York masu tsere cikin dare da ƙananan motocin Japan da aka ƙara wa ƙarfin inji. Darakta Rob Cohen ne ya ɗauki aikin, aka mayar da labarin Los Angeles, aka aro masa suna daga wani tsohon fim na Roger Corman, ya fito da sunan The Fast and the Furious. Paul Walker ne Brian O'Conner, ɗan sandan ciki da aka tura ya gano masu tare tireloli suna kwashe kayan lantarki. Vin Diesel kuma shi ne Dominic Toretto (Dom), wanda ake zargi. A ƙarshe Brian ya miƙa masa makullin motarsa ya ce ya gudu. Duk abin da ya biyo baya a kan wannan makulli aka gina shi.

Diesel bai yarda ya fito a na biyu ba. Saboda haka 2 Fast 2 Furious na 2003, wanda John Singleton ya ba da umarni, ya koma Miami da Brian, aka shigo da Tyrese Gibson da Ludacris. Na uku kuwa, Tokyo Drift na 2006, babu Walker ma. Sabon darakta Justin Lin ya kai wani ɗan makarantar Amurka, Sean Boswell, birnin Tokyo, inda ake wata irin gasa ta sa ƙafafun baya su zame a sha kwana a kaikaice. Shi ne mafi ƙarancin ciniki a duk jerin, kuma daga gare shi ruɗanin ya taso.

Dalilin shi ne Han. Sung Kang ne ya fito a wannan matsayi, mutum mai sanyin magana wanda kullum za ka gan shi jingine da mota, ledar kayan ƙwalama a hannu, yana kallon yara na rawar kai. Lin ya taho da shi ne daga wani ƙaramin fim da ya yi a 2002, Better Luck Tomorrow. Kafin Tokyo Drift ya ƙare an kashe shi: yana gudu a motarsa Mazda RX-7 mai launin ruwan lemo da baƙi, wata Marsandi ta faɗo daga gefe ta daka masa, motar ta kife ta kama da wuta. A wancan lokacin haɗari ne kawai. Sai a minti na ƙarshe Diesel ya leƙo, ya zo yin tsere da Sean, aka ji cewa Han tsohon abokin tafiyarsa ne. Diesel bai karɓi kuɗin wannan leƙowa ba, haƙƙin mallakar fina-finan Riddick ya nema a madadinsa.

Da aka tattaro tsofaffin jaruman a 2009, Lin da marubuci Chris Morgan ba su so su bar Han a kabari ba, sai suka ja labarin baya. Fim na huɗu (sunansa Fast & Furious kawai) ya buɗe da Han a raye yana taya Dom satar tankokin mai a Jamhuriyar Dominika, kuma yana cewa ya ji ana abubuwa a Tokyo. A Fast Five na 2011 ma yana nan. Shi ne fim ɗin da ya fitar da jerin daga tseren titi zuwa babban fashi: Dwayne Johnson ya shigo a matsayin Hobbs, motoci biyu suka ja katafaren akwatin ƙarfe mai dala miliyan 100 a titunan Rio de Janeiro. A ƙarshensa Gisele, wato Gal Gadot, ta tuna wa Han zancen Tokyo, ya ce za a je, ba dai yanzu ba. Sai a na shida, 2013, bayan ta faɗo daga mota a titin tashin jirgi, ya tafi shi kaɗai. Ana cikin jero sunayen ma'aikata aka sake nuna haɗarin nan daga wata kusurwa. Jason Statham ya fito daga Marsandin, ya jefar da sarƙar Dom kusa da motar, ya buga wa Dom waya. Haɗari ya zama kisan gilla, na ramuwar abin da aka yi wa ƙaninsa Owen Shaw.

Ga mai son bin labarin yadda ya auku, zai fara da na 2001, sai gajeren Turbo-Charged Prelude da ke nuna gudun Brian zuwa Miami, sai na 2003. Daga nan ya tsallake Tokyo Drift ya kalli Los Bandoleros, gajeren fim da Diesel ya ba da umarni, sannan na huɗu da na biyar da na shida. A nan ne gurbin Tokyo Drift. Bayansa Furious 7, The Fate of the Furious na 2017, Hobbs & Shaw na 2019, F9 na 2021, da Fast X na 2023, duka a jere.

Ɗinkin bai ɓoyu ba. Wanda ya bi wannan tsari zai baro wayoyin zamani a Landan ta fim na shida ya tarar da 'yan Tokyo, birnin fasaha, suna ɗaukar hoto da wayoyi masu murfi. A Furious 7 kuma Lucas Black, wanda ya fito a matsayin Sean, ya dawo ya ci gaba da hirar da ya fara da Dom a daren nan, alhali shekara tara ta wuce a fuskarsa. Ga wanda bai taɓa kallo ba, bin tsarin fitowa ya fi. Idan ka riga ka ga mutuwar Han, duk lokacin da ya ambaci Tokyo sai gabanka ya faɗi. Idan kuwa ka ga na shida tukuna, an riga an gaya maka wanda zai mutu da wanda zai kashe shi kafin ka shiga fim ɗin.

Furious 7 yana da nasa nauyin da ba na labari ba. Paul Walker ya rasu a haɗarin mota a California ranar 30 ga Nuwamba 2013, ana tsakiyar ɗaukar fim ɗin. Darakta James Wan ya ƙarasa da taimakon ƙannensa Caleb da Cody da aikin kwamfuta. Ba a kashe Brian ba, an bar shi ya koma ga iyalinsa, motarsa ta rabu da ta Dom a mararraba. Fim ɗin ya fito a 2015, ya tara sama da dala biliyan 1.5, mafi yawa a jerin.

Sai kuma na takwas ya mayar da Shaw babba, wato Statham, ɗan gida, har yana zaune wajen cin abinci da mutanen da ya kashe wa aboki. Masu kallo suka yi ca, suna neman a bi wa Han haƙƙinsa. Da Lin ya dawo a F9, sai ya sake nuna haɗarin da ma'ana ta uku: shiri ne na Mr. Nobody, jami'in asirin da Kurt Russell ya fito a matsayinsa, Han bai mutu ba. Ba shi ne farau ba, don Letty ta Michelle Rodriguez an yi jana'izarta a na huɗu, ta dawo a na shida ba ta tuna kowa. F9 ya kuma yi waiwaye zuwa 1989 don ya samar wa Dom ƙani, Jakob, da ba a taɓa jin sunansa ba cikin shekara 20.

Fast X, wanda Louis Leterrier ya karɓa bayan Lin ya ajiye aikin ana farkon ɗauka, ya sake amfani da dabarar. Ya buɗe da jan akwatin Rio, aka cusa Jason Momoa cikin abin da ya faru a matsayin Dante, ɗan Hernan Reyes mai kuɗin, alhali babu Dante a fim ɗin 2011. Labarin bai ƙare a nan ba, an bar Dom da ɗansa a gindin wata madatsar ruwa da aka ɗana wa bam. Can a Antaktika kuma wani jirgin ƙarƙashin teku ya faso ƙanƙara, murfinsa ya buɗe, Gisele ta leƙo.